Fina-finan Haƙiƙa kan Zuriyar Afirka ta Ƙetare: Matsayin Ƙasar Tasawa da Mayahi

Fim na haƙiƙa, wanda masu sana'ar a Nijar suka fi sani da dokimanter, shi ne wanda ake ɗaukar mutane na ainihi a wurarensu na ainihi ba tare da an rubuta musu abin da za su faɗa ba, sa'an nan a tace hotunan, a jera su yadda za su ba da wata ma'ana da mai fim ya nufa. Daga cikin rassansa akwai wanda ya mayar da hankali ga zuriyar Afirka da ke warwatse a ƙetare, wato jikokin waɗanda aka kwashe a zamanin cinikin bayi, da kuma waɗanda suka fita da ƙafarsu domin fatauci ko aikin hajji ko ci-rani, kuma galibin irin waɗannan fina-finai suna bin sawun abubuwa uku ne: asalin da aka baro, abin da aka iya riƙewa na tarihi bayan rabuwa, da kuma al'amuran ruhi da suka ƙetare hamada ko teku tare da mutanen. Gundumomin Tasawa da Mayahi na jihar Maraɗi sun dace da nazarin wannan batu, domin ƙasa ce da mutane suka daɗe suna fita daga cikinta, kuma a ƴan shekarun nan ta zama wurin da masu kyamara daga ƙetare ke zuwa neman abin da takardun Turai ba su adana ba.

Ƙasar da ake fita daga cikinta

Tasawa tana kan tsohuwar hanyar ayari da ta haɗa Kano da Katsina da Damargu da Agadas, har zuwa Gat da Tarabulus, kuma matafiyin nan na Jamus, Heinrich Barth, ya sauka a cikinta a watan Janairu na 1851 kafin ya wuce Gazawa da Katsina, yayin da abokin tafiyarsa Adolf Overweg ya nufi Maraɗi da Gobir. A wancan zamani yankin yana tsakanin ƙarfi uku, wato sarakunan Katsina da suka kafu a Maraɗi bayan jihadin farkon ƙarni na 19, da daular Sakkwato a kudu, da Damagaram a gabas, don haka hare-hare ba su yanke ba, kuma kamammu da yawa sun bi ayari zuwa arewa tare da fatu da gashin jimina. Sanannen misali daga maƙwabciyar ƙasa shi ne Dorugu, yaron da aka haifa a Dambanas kusa da Kance, aka kama shi aka sayar, Overweg ya ƴanta shi, ya bi Barth zuwa Ingila a 1855, inda ya ba J. F. Schön labarin rayuwarsa da Hausa. Shi dai an rubuta nasa labarin, amma sauran ɗimbin da suka bi waccan hanya babu abin da ya rage nasu sai abin da jikokinsu suka riƙe a baki da kiɗa.

Fitar ba ta tsaya da ƙarewar ayari ba, domin bayan yaƙin Burmi na 1903 jama'a masu yawa daga ƙasar Hausa sun yi hijira gabas, suka kafa garuruwa irin su Mai Wurno a gaɓar Shuɗin Nilu a Sudan, sa'an nan harajin Nasara da aikin tilas suka tura samari zuwa Kano da biranen kurmi kamar Kumasi da Abijan. A yau ma, da zarar an gama girbin gero da wake a kwarin Gulbin Kaba, matasan Mayahi da Kanambakashe da Urafan da Korgom sukan tafi ci-rani Nijeriya ko Libiya ko Aljeriya. Saboda haka idan ana maganar zuriyar ƙetare a wannan ƙasa, ana maganar zamani uku ne da suka hau kan juna, na bauta da na mulkin mallaka da na neman abinci, kuma kowanne yana da irin fim ɗin da ya haifar.

Bori a matsayin ma'ajiya

Abin da ya fi jan masu fim a wannan fage shi ne bori, wato tsarin hulɗa da iskoki, inda iska kan hau mutumin da aka yi wa girka, wanda ake kira doki idan namiji ne ko goɗiya idan mace ce, bayan makaɗan garaya ko goge sun kaɗa taken wannan iska. Girka ita ce jinyar da ake yi wa wanda iskoki suka taɓa har ya saba da su, kuma a masarautun wannan yanki shugabancin bori yana hannun mace ta gidan sarauta, wadda ake kira Iya a Maraɗi, Inna kuma a Gobir ta Tsibiri. Masana irin su Guy Nicolas da Jacqueline Monfouga-Nicolas, wadda littafinta kan borin kwarin Maraɗi ya fito a 1972, da Veit Erlmann wanda ya nazarci kiɗansa, sun nuna cewa jerin iskokin yana ɗauke da hoton al'ummar da ke bauta musu ko neman magani a wurinsu, domin a cikinsu akwai sarakuna da ƴaƴan sarauta kamar Ɗan Galadima, da malamai kamar Malam Alhaji, da iskokin daji na Anna, wato Maguzawa, kamar Kure da Doguwa, da Fulani da Buzaye, har da sojoji da Turawa waɗanda ake kira Babule. Duk al'ummar da Bahaushe ya yi mu'amala da ita, ko ya sha wuya a hannunta, ta sami gurbi a wannan jeri.

Wannan ne ya sa bori ya iya tafiya. A farkon ƙarni na 19 wani malami, Ahmad al-Timbuktawi, ya rubuta wa mahukuntan Tunis takarda yana sukar bautar iskoki da ya tarar a tsakanin baƙaƙen fatar birnin, kuma bayan an soke bauta a Tunisiya a 1846 gidajen waɗannan mutane sun ci gaba da aiki, har A. J. N. Tremearne ya same su ya wallafa littafi kan borin Hausawan Tunis da Tarabulus a 1914. Al'adar da ake kira Stambeli a Tunisiya ta yau, wadda Richard Jankowsky ya yi nazarinta a gidan Dar Barnu, har yanzu tana kiran wasu iskoki da sunayen da ɗan bori na Maraɗi zai gane, kuma a cikin waƙoƙin Diwan na Aljeriya akwai rukunin da ake jingina wa Hausa da Maguzawa, ko da yake masu rerawa sun daɗe da rasa ma'anar yawancin kalmomin. A ɗaya ɓangaren Tekun Atlantika kuwa, Hausawan da aka kai Bahiya ta Brazil an fi tunawa da su ne ta hanyar Musulunci da tawayen bayi na 1807 da 1809 da 1814, da kuma rawar da Musulmi suka taka a tawayen 1835, abin da ya sa fina-finan Brazil kan dangantaka da Afirka, irin su Atlântico Negro na Renato Barbieri na 1998, suka fi karkata ga addinan Yarabawa da Fon na gaɓar teku. Hanyar hamada, wadda ita ce ta shafi Tasawa kai tsaye, ba ta sami rabin kulawar da hanyar teku ta samu daga masu kyamara ba.

Gadon Jean Rouch da gardamar da ya bari

Duk wanda zai ɗauki fim kan iskoki da ƴan ci-rani na Nijar yana aiki ne a ƙarƙashin inuwar Jean Rouch, Bafaranshen da ya shafe fiye da shekara hamsin yana ɗaukar fim a ƙasar, ya kuma rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a watan Fabrairu na 2004. Fim ɗinsa Les Maîtres fous, wanda ya fito a 1955, ya nuna ƴan ci-ranin Nijar a wajen birnin Akra suna bikin Hauka, wata ƙungiyar iskoki da ta ɓulla wajen 1925 a yankin Filinge, inda waɗanda iskokin suka hau ke kwaikwayon gwamna da kwamanda da sauran jami'an mulkin mallaka. Hukumomin Ingila sun hana nuna shi a ƙasar da aka ɗauke shi, ɗaliban Afirka a Paris kuma suka yi tir da shi saboda hotunan kumfar baki da yankan kare, waɗanda suka ga za su ƙarfafa raini ne kawai a idon Bature, kuma a 1965 Ousmane Sembène ya zargi Rouch da irinsa da kallon ƴan Afirka kamar yadda ake nazarin ƙwari.

Duk da haka, Rouch ya bar wata ƙa'ida da ta fi fim ɗin kansa daɗewa, wato mayar da fim ga waɗanda aka ɗauka domin su gani su yi gyara. Lokacin da ya nuna wa masuntan Sorko na Ayoru fim ɗin farautar dorina da ya yi da su, sun ce a cire kiɗan da ya sanya, domin a ganinsu kiɗa yana ƙara wa dorina ƙarfin zuciya, shi kuma ya karɓi gyaran. Daga cikin waɗanda suka yi aiki da shi aka sami Oumarou Ganda, tsohon soja kuma ɗan dako a Abijan wanda ya fito a Moi, un noir na 1958, daga baya ya koma bayan kyamara ya lashe babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu a 1972. A ƙasar Hausa ta Nijar kuwa, Nicole Echard ta ɗauki maƙeran Adar, Marc-Henri Piault ya ɗauki Arawan yankin Dogon Dutsi, Inoussa Ousseini kuma ya ɗauki wasan kara na Damagaram a 1980. Yawancin waɗannan hotuna suna ajiye a Faransa, da sharhi cikin Faransanci, kuma jikokin waɗanda ke cikinsu ba safai suke samun ganinsu ba.

Maijirgi da ayarin Voulet

Fim ɗin da ya sanya gundumar Tasawa a tsakiyar wannan muhawara shi ne African Apocalypse, wanda Rob Lemkin ya ba da umarni, aka fara nuna shi a bikin fina-finai na Landan a watan Oktoba na 2020. Jagoran labarin shi ne Femi Nylander, mawaƙi kuma ɗan gwagwarmaya na Birtaniya mai asali daga Nijeriya, wanda ya bi sawun ayarin sojan da kyaftin Paul Voulet da Julien Chanoine suka jagoranta a 1899 da nufin kai tutar Faransa Tafkin Cadi, yana riƙe da littafin Joseph Conrad, Heart of Darkness, wanda aka fara bugawa a shekarar da aka yi wannan ta'asa. Ayarin ya ƙone garuruwa tun daga gaɓar Kwara, ya gwabza da mutanen Sarauniya a Lugu a watan Afrilu, ya ragargaza Birnin Ƙonni a watan Mayu, ya ratsa ƙasar Gobir da Katsinar Maraɗi, kuma Laftanar-Kanar Klobb, wanda gwamnatin Faransa ta aiko ya karɓe jagorancin, ya riƙa tarar da kufai da gawarwaki a hanya, har da ƙananan ƴan mata da aka rataye a Koran Kalgo. A ranar 14 ga Yuli, 1899, Voulet ya sa aka harbe Klobb a Dankori kusa da Tasawa, kwana biyu bayan haka sojojin ayarin suka yi bore suka kashe Chanoine, washegari kuma suka kashe Voulet, kuma kaburburan da aka jingina wa mutanen biyu suna Maijirgi. Ragowar ayarin ya ci Damagaram a ƙarshen watan, wani sashe nasa kuma ya kai Kusuri inda aka kashe Rabeh a watan Afrilu na 1900, wato Faransa ta ci gajiyar tafiyar duk da ta yi tir da jagororinta.

An taɓa kai wannan labari allo kafin nan, domin Med Hondo ya yi Sarraounia a 1986 bisa littafin Abdoulaye Mamani, ya kuma lashe kyautar FESPACO a 1987, amma wancan fim ne na ƙirƙira da aka ɗauka a Burkina Faso. Abin da aikin Lemkin ya ƙara shi ne zama da jikokin waɗanda abin ya shafa a garuruwansu da ke bakin babbar hanya ta ɗaya, wadda a wurare da dama take bin sawun ayarin, suna ba da labarin da suka ji daga kakanni da Hausa, suna nuna rijiya ko fili ko bishiyar da abin ya faru. A Faransa an daɗe ana bayyana lamarin a matsayin haukar hafsoshi biyu da zafin rana ya juya musu kai, kuma abin da ya tayar da hankalin jaridun Paris a lokacin shi ne kisan Klobb, alhali a bakin mutanen yankin labarin na garuruwan da aka watsa ne da zuriyar da aka yanke. Har a tsakanin Turawan mulkin ba a daina gardama kan ƙarshen mutanen biyu ba, domin an ruwaito cewa Robert Delavignette, wanda ya yi mulki a Tasawa, ya sa an tone kaburburan a 1923 aka tarar babu kowa ciki.

Wuri mafi amfani ga mai nazari a fim ɗin shi ne inda abokan tafiyar Nylander ƴan Nijar, wato mai shirya fim Amina Weira da Assan Ag Midal, suka tuhume shi da cewa yana sauraron labaran kisa ba tare da an ga alamar sun taɓa shi ba. Barin wannan saɓani a cikin fim ya fito da abin da irin waɗannan ayyuka suka saba ɓoyewa, wato cewa ɗan ƙetare da ɗan gida ba abu ɗaya suke nema a wurin tarihi ba. Na ƙetare yana neman fahimtar matsayinsa a ƙasar da ta raine shi, shi ya sa fim ɗin ya ƙare da zanga-zangar kare rayukan baƙaƙen fata ta 2020 a Ingila, na gida kuwa yana neman a amsa laifin da aka yi wa kakanninsa da suna da wuri. Masu suka suna da hujja idan suka ce Conrad da Ingila sun ci wani fili da ya kamata a bar wa dattawan Maijirgi, amma fim ɗin ya yi abin da kaɗan suka yi kafinsa, domin an mayar da shi Hausa aka nuna shi a tashar Arewa24, kuma wasu daga cikin al'ummomin da ya ratsa sun kai kokensu ga ofishin Majalisar Ɗinkin Duniya mai kula da gaskiya da adalci da biyan diyya.

Kallo daga cikin gida

Kishiyar wannan hanya ita ce ta Sani Elhadj Magori, ɗan Galmi a jihar Tawa, wanda a fim ɗinsa Koukan Kourcia na 2010 ya ɗauki tsohuwar zabiya Hussey, wadda waƙoƙinta a shekarun 1970 suka riƙa zuga samari su tafi kurmi neman arziki, ya tafi da ita har Abijan domin ta yi wa mahaifinsa da sauran waɗanda suka daɗe a can waƙar komawa gida. Taken ya samo asali daga karin maganar da ke cewa kukan kurciya jawabi ne, mai hankali ke ganewa. A nan mai kyamara ɗa ne a gidan, rashin da ake magana a kai nasa ne, kuma ba a buƙaci wani mai sharhi ya bayyana ƙarfin muryar zabiya ba, tunda ana ganin aikinta a fuskokin masu sauraro. Labarin na Galmi ne, amma babu wani ƙauye a Mayahi da ba zai gane matan da aka bari da gona da yara, ko dattijon da kunyar komawa hannu wofi ta riƙe shi a baƙuwar ƙasa ba. Magori da Amina Weira da Aïcha Macky da Malam Saguirou na Damagaram suna cikin zuriyar masu fim da ta taso bayan shekarar 2000, ta hanyar horon Africadoc da dandalin fina-finan haƙiƙa na Yamai da Inoussa Ousseini ya kafa.

Matsalolin da suka rage

Matsala ta farko ita ce yarda. A ƙa'idar bori, wanda iska ta hau ba ya cikin hayyacinsa, kuma idan ta sauka ba ya tuna abin da ya faru, saboda haka izinin da ya bayar kafin wasa bai isa ba sai an nuna masa hoton bayan ya dawo, sa'an nan akwai sassan girka da ba a buɗe wa wanda ba ɗan ciki ba, balle kyamara. Ta biyu ita ce sauyin addini, domin tun da aƙidar Izala, wadda aka kafa ƙungiyarta a Jos a 1978, ta yi ƙarfi a Maraɗi daga shekarun 1980, kuma musamman bayan tarzomar watan Nuwamba na 2000 a birnin, ƴan bori da yawa sun janye daga bainar jama'a, kuma hoton da ya burge masu kallo a Turai yana iya jawo wa mai shi tsangwama idan ya zagayo ta wayar salula. Mai fim da ya nuna bori kaɗai a matsayin ruhin ƙasar kuma ya tauye gaskiya, tunda mafi rinjayen mutanen Tasawa da Mayahi Musulmi ne, kuma allo da laya da ɗariƙa su ma sun yi tafiya da ƴan ƙetare har Bahiya da Sudan. Ta uku ita ce asalin bauta, wanda a Amurka ko Brazil ake bincikensa da alfahari, a nan kuwa ambatonsa a kan wani gida yana iya ɓata aure ko sarauta, duk da cewa dokar Nijar ta 2003 ta sanya bauta cikin manyan laifuka.

Ta huɗu, wadda sauran suka rataya a kanta, ita ce mallaka da ajiya. Takardun ayarin 1899 suna ma'ajiyar Faransa, kuɗin yawancin fina-finan daga Turai yake fitowa, dattawan da suka ji labari daga bakin waɗanda suka gani da ido kuma suna ƙarewa. Fim na awa ɗaya da rabi yakan fito ne daga hirarraki na awoyi masu yawa, kuma abin da aka zubar wajen tacewa, kamar sunayen zuriya da na kufai da taken iskoki, sau da yawa shi ne ya fi amfani ga mutanen wurin. Nijar tana da cibiyoyin da za su iya riƙe irin wannan amana, kamar cibiyar binciken IRSH da cibiyar tarihin baka ta CELHTO a Yamai, da Jami'ar Dan Dicko Dankoulodo ta Maraɗi, da gidajen rediyon karkara da ke magana da jama'a da harshensu. Idan aka mayar da shi sharaɗi cewa duk wanda ya ɗauki fim a Maijirgi ko Dankori ko Kanambakashe zai bar cikakken kwafin hirarrakinsa a ɗaya daga cikin waɗannan wurare, ya kuma nuna aikin da Hausa a garin kafin ya kai shi bikin ƙetare, to ɗalibin tarihi na yankin zai sami abin da zai gwada da rahoton Klobb, kuma mai fim na gaba, ko daga Tunis ya zo ko daga Tasawa ya tashi, zai fara aikinsa daga shaidar da mutanen ƙasar suka riga suka tantance.